Raka'a Huɗu a Kan Tsakuwar Kiyoto

Ranar nan na shigo ofis na tarar kun ɗauko tutata daga bayan ƙofa kuna kaɗawa, ɗayanku yana cewa, "Wallah Amm Idris ya huta. Shugul ɗinsa duka, wai aiki, ya ɗaga sanda, mutane su bi shi, a biya masa tayyara, ya hau jirgi kyauta." Na ji, na wuce wurin shayina, domin yana hucewa. To tunda mai ofis ya ce a kakar bana ɗayanku ne zai kai ayarin Japan, gwiwata kuma ta ce ita da matakala sun rabu, bari in rubuta muku abin da ke ƙarƙashin sandar. Da gangan na rubuta da Hausa. Wanda karatun ya gagara ya kai wa uwarsa ta karanta masa, ita ma ta san irin aikin da ɗanta yake rainawa.

Ba a Japan na fara ba. A unguwar Hindawiyya ta Jidda aka haife ni, a gidan da kakana ya kama bayan ya zo hajji da ƙafa ya ga komawa ta yi nisa. Har yau da iƙama, takardar zaman baƙi, nake zaune a garin da aka yanke mini cibiya, fasfona kuma na ƙasar da ban taɓa kwana a cikinta ba ne. Aikina na farko shi ne bin wani dattijo, Amm Bakur, mai kai alhazai ziyara a Madina. Ranar da na fara muna da bas cike da Sakkwatawa za mu Uhudu. Na yi mako ina haddace tarihin wurin, ina jiran a miƙo mini lasifika. Amm Bakur ya dube ni ya ce, "Kai ne wutsiya. Ka tsaya a baya. Duk wanda ka wuce, ka yi laifi." Shekara biyu ina wutsiya. A nan na koyi ƙirga kawuna a kowace ƙofa, shiga da fita. Na koyi tafiya da takun wanda ya fi kowa rauni. Na kuma koyi cewa kafin ka san shekarar da aka gina wuri, ka fara sanin inda banɗakinsa yake.

Da ofishin nan ya fara kai iyalai yawon hutu, Turkiyya da Malesiya, daga baya Japan, mai ofis, wanda shi ne kafilina, mai tsaya mini kan iƙama, ya zaɓe ni. Ba don ilmi ba. Cewa ya yi ban taɓa ɓatar masa da mutum ba, kuma duk abin da aka ajiye mini a faranti ina ci.

Zuwana Kiyoto na farko, wata 'yar ƙaramar mata ce ta tare ni a tashar jirgin ƙasa, da lema a hannu da agogo rataye a wuya. Sunanta Madam Keiko. Ita ce jagorar gari da ofis ya ɗauka, ni kuma mai rakiyar ayari. Ta karanta Larabci a jami'a, Larabcin littafi, irin wanda mu sai a bakin mai karanta labarai muke ji. Na gaishe ta da namu na Hijaz, ta amsa mini da jimlar da sai da na gyara tsayuwa. Kwana uku ta zagaya da ni hanyar da za mu riƙa bi, ba baƙo ko ɗaya, tana auna mintuna: daga bas zuwa ƙofa kaza, daga ƙofa zuwa bakin tafki kaza. A kwana na uku ta ce, "Ya Ustaz Idris, a ƙasar nan ƙarfe takwas tana nufin takwas saura biyar." Na ce a Jidda tana nufin bayan an sha shayi. Ba ta yi dariya ba, rubutawa ta yi. Tun daga ranar, in bas zai tashi takwas, bakwai da kwata nake gaya wa mutanena, Allah ya yafe mini.

Kiyoto tsohuwar fadar sarakunansu ce, kuma duk lungun da ka leƙa akwai wurin bauta. Mu ma'abad muke ce wa kowanne, amma iri biyu ne. Akwai masu gunki a ciki da ƙatuwar ƙararrawa, akwai masu jajayen ƙofofin katako inda suke tafa hannu. Yawonmu na yini guda ne. Da safe wanda aka lulluɓe da zinariya a bakin tafki, sai dajin gora, sai abinci, da yamma kuma dutsen nan mai jajayen ƙofofi jere da juna har sama, wanda ya cinye mini gwiwa. Kafin kowa ya sauka daga bas nakan faɗi magana ɗaya: kallo muka zo. Ba ma rusunawa, ba ma tafi, ba ma jefa kwabo, ba ma kuma yi wa mai yi dariya.

Jakar da za ku gada, kada ku rage mata komai. Akwai safa sabuwa ƙafa goma sha biyu, domin a ma'abad ana cire takalmi, kuma a kowane ayari akwai babban mutum mai agogon zinariya da hujajjiyar safa, babban yatsa a waje. Ka miƙa masa a ɓoye, kada ka dubi fuskarsa. Akwai ledar takalmi. Japanawa a bakin ƙofa suke jera nasu su shige, amma mutumin da ya tashi a ƙofar masallatanmu ba zai bar takalminsa ba ko da rantsuwa, sai ka ba shi leda ya rungume abinsa. Akwai 'yar buta mai naɗewa, da dardumai marasa nauyi, da dabino, da katin da aka rubuta da rubutunsu cewa ba ma cin alade ba ma shan giya. Akwai kuma kamfas na ƙarfe, na Amm Bakur ne. Na san kowa yana da alƙibla a waya. Waya takan mutu.

Baƙi kuwa kala-kala. Akwai wanda zai biya kuɗin jirgi, ya yi tafiyar yini guda a sama, sai a bakin ƙofar ma'abad ya tambaye ka ko shiga haramun ne. Shi kada ka yi masa fatawa, ka nuna masa benci da mai sayar da shayi. Akwai wata hajiya daga unguwar Bani Malik da duk inda muka tsaya, ko Madam Keiko tana tsakiyar bayanin sarkin da ya gina wuri, sai ta ja mini riga ta ce, "Tayyib, ya waladi, suƙ ɗin fa? Yaushe za mu kasuwa?" Akwai wanda ya ga kwamin ruwa da ludayan gora a ƙofar shiga, inda suke ɗauraye hannu, ya naɗe wando zai sa ƙafa. Shi na cim masa da sauran taku ɗaya.

Amma duk waɗannan wasa ne. Abin da ya riƙe aikin nan shekara da shekaru ɗaki ɗaya ne, kuma saboda shi na zauna rubutun nan.

A lokacin kaka, sa'ad da ganyayen garin suke yin ja kuma kowa yake son zuwa, rana tana faɗuwa tun kafin biyar. Mu matafiya ne, muna haɗa azahar da la'asar, amma dole a yi su kafin magariba, kuma otal yana can wani gefen gari. In ka koma otal ka rasa dutsen jajayen ƙofofi, wanda saboda hotonsa rabin ayarin suka zo. In ka shimfiɗa darduma a gefen titi ka tare wa mutane hanya, su kuma ba za su ce maka komai ba, za su rubuta wa kamfanin bas ne. Shekarar farko da haka na yi ta fama, har wani dattijo ya ce mini a gaban jama'a na kawo shi kallon gumaka na sa shi ya rasa salla. Maganar ta yi mini zafi, domin gaskiya ya faɗa.

Madam Keiko ce ta samo mafita. Kusa da inda muke cin abinci akwai wani ƙaramin ma'abad da ba a kai baƙi, inda aka binne iyayenta. Mai kula da shi wani tsoho ne mai aski ƙwal, yana zaune da matarsa a gidan da ke jingine da wurin. A bayan gidan akwai ɗaki mai tabarmi da ƙofar takarda da ake turawa gefe, ba gunki ba hoto, ga famfo a waje da dutsen taka ƙafa. Ta roƙe shi da sunan iyayenta, ya yarda mu riƙa salla a ciki. Bai karɓi komai ba sai kwalin dabinon da nake kai masa, kuma bai taɓa leƙowa ba muna salla. Sharaɗi biyu ya sa: ba ɗaga murya, ba taka lambu. Da ɗakin nan ofishinmu ya yi suna. Mutum zai gaya wa maƙwabcinsa a unguwar Waziriyya, "Bi Idris, shi ba ka rasa salla." Ba shi, yawon nan bai fi na kowa ba.

Lambun da ake magana ba lambu ba ne yadda kuka sani. Ba ciyawa, ba fure. Fili ne shimfiɗe da farar tsakuwa, da wasu duwatsu biyar da gansakuka a gindinsu. Kullum da sassafe Tsoho yake shiga da manjagarar katako ya ja layuka a kan tsakuwar, miƙaƙƙu daga wannan bango zuwa wancan, kamar an sa zare. Ba mai takawa sai shi. A baranda ake zama a kalla. Hanyar ɗakinmu kuma ta barandar nan take.

Ayarin ƙarshe na wata kaka, 'yan unguwarmu ne. Dattawa takwas na Hindawiyya da matansu, duk sun ajiye aiki, 'ya'ya suka haɗa musu tafiyar. Babbansu Amm Hamza, abokin mahaifina, wanda ya yi shekara talatin yana jan tirela tsakanin Jidda da Tabuk. Mutumin da duk inda lokaci ya same shi nan ne masallacinsa, ya faka, ya sauka kan yashi, ya kabbara. Tun safe muke Hausa muna tsiya, suna tuna mini lokacin da nake yawo ba wando. A nan na yi kuskuren. Kullum a bas nake faɗin sharaɗin lambu, sau biyu, da Larabci da Hausa. Ranar nan na saki jiki, na ga ai 'yan gida ne. Muka shiga, mata suka bi matar Tsoho ta ɗaya gefen, ni kuma na ce wa mazan, "A nan za mu yi salla. Ga famfo can, ku yi alwala ku jira ni." Na bi Madam Keiko mu kai wa Tsoho dabinonsa, gaisuwar da ba ta ƙasa da minti goma. Kamfas yana aljihuna.

Muna dawowa mu uku ta baranda, na ji muryar Amm Hamza yana kabbara.

Suna tsakiyar lambun. Mutum bakwai a sahu, kafaɗa da kafaɗa, yatsun ƙafarsu daidai kan layin Tsoho, Amm Hamza a gaba da layi biyu. Sun jera ledojin takalmansu a gindin ɗaya daga duwatsun. A gaskiya ban taɓa ganin sahu mai kyan wannan ba. Madam Keiko ta yi wani ɗan sauti a maƙogwaro, ta dafa ginshiƙi. Ni kuwa ba abin da zan iya yi. Ba a katse mai salla. Ba a ɗaga murya a gidan. In kuma na sauka in je wurinsu, na zama na tara. Haka na tsaya ina kallo suka yi ruku'u, suka sa gwiwoyi da goshi a kan aikin safiyar bawan Allah.

Na ce to, raka'a biyu ce, da sun sallame in yi magana. Suka sallame. Na ɗaga ƙafa, sai na ji an riƙe mini hannun riga. Tsoho ne. Bai dube ni ba, su yake kallo. Kafin in ƙwace, Amm Hamza ya miƙe ya tayar da la'asar. Muka kalli wasu biyun.

Da suka hau baranda, kowa da shatin tsakuwa a goshi, Amm Hamza ya ce mini, "Masha Allah, ya waladi, ka iya zaɓen wuri. Sai dai ka ce musu su rage kaifin tsakuwar."

Na ce, "Ya Ammi, ba nan ba ne. Ɗaki ne a baya."

"To wannan fa? Wuri tsaf, an share, har an ja sahu. In ba na salla ba ne, na mene ne?"

"Na kallo ne."

"Kallon me?"

"Tsakuwa."

Ya juya ya dubi filin, ya dubi Tsoho, ya ga manjagara jingine da bango. Amm Hamza ba wawa ba ne. Fuskarsa ta sauya. Ya ce, "La haula. Kullum shi yake ja? Da hannunsa?" Na ce kullum. Ya ce, "Yalla, kai ni in sumbaci kansa. A ina ake sayar da rago a garin nan?"

Madam Keiko ta hana. Tsoho ya riga ya shige ciki, ya ja ƙofarsa. A bas ta ce mini a hankali, "Kada ka aika kyauta. Kada ka yi bayani, bayani a nan ƙarin laifi ne. Gobe da sassafe ka je kai kaɗai, ka tsaya a bakin baranda." Na tambaye ta ko mun rasa ɗakin. Ta ce ba ta sani ba. Sai a lokacin na tuna ba ɗakin kaɗai ba ne, a can iyayenta suke, kuma da sunansu ta roƙa. Kunya ta kama ni irin wadda ban taɓa ji ba a aikin nan.

Ni kaɗai aka ce, amma da na sauko bayan asuba na tarar da Amm Hamza a ƙofar otal da sandarsa. Ya ce, "Ni na ja sallar. Halas, shi ke nan, ba magana." Mutumin da ya ga ranar sunana ba ni zan hana shi ba.

Mun tarar ba a taɓa lambun ba. Ga sawu, ga ramukan gwiwoyi, ga gurbin goshi takwas. Tsoho yana tsugune a baranda da wani siririn gora a hannu, ya kanne ido ɗaya yana saita shi da gurbin goshin Amm Hamza. Na ce a raina ɓarnar yake aunawa. Ya gama, ya yi wa katakon baranda ɗan alama da alli, ya miƙe. Na dafa ƙirji na sunkuyar da kai, na haɗiye duk jawabin da na tanada. Ya ɗauko manjagara ya miƙo mini.

Ku da kuke ganin ɗaga tuta hutu ne, ina so wata rana ku riƙe abin nan. Da farko za ka baje tsakuwar da faffaɗan katako har ta kwanta. Sannan ka ja manjagarar kana tafiya da baya, don haƙoranta su shafe sawunka. Tana da nauyi, kuma duk numfashin da ka ja sai ya fito a layin. Layina na farko ya tafi a murɗe kamar hanyar dutsen Ɗa'if. Tsoho ya sauko ya shafe shi da katako, ya koma ya zauna. Na ja na biyu, ya shafe. A na huɗu Amm Hamza, wanda ya samu wuri kusa da shi a baranda har an kawo masa koren shayi, ya kasa haƙuri.

"Kai Idris, ƙafarka kake kallo! Wa ya taɓa jan tirela yana kallon taya? Ka sa ido a bango can, ka bar hannu ya bi."

Tsoho bai san kalma ɗaya ta Hausa ba, amma ya dubi Amm Hamza ya gyaɗa kai. Amm Hamza ya nuna ni da haɓa ya girgiza nasa. Safiya uku da suka rage mana a garin muka yi haka kafin bas ya tashi, tsofaffi biyu ba mai jin yaren wani, sun haɗu a kan cewa ban iya komai ba. A ta uku Tsoho ya bar layi ɗaya bai shafe ba. Ɗaya tak, na jikin bango, inda ba a cika gani ba.

A tashar jirgi na tambayi Madam Keiko maganar ɗaki. Ta ce, "Bai ce a'a ba." Na ce to ya ce e? Ta ce, "Bai ce ba." Na ce yaushe zai ce? Ta ce in mun dawo da bazara za mu gani.

Ba mu dawo da bazara ba. Shekarar annoba ce ta shigo. Jirage suka tsaya, mai ofis ya rufe ƙofa ya ce kowa ya nemi abin yi. Ni da na saba jan mutum talatin a baya, na koma kai wa mutane kayan miya gida-gida a motar ƙanina, ina ajiyewa a bakin ƙofa ina ja da baya. Tutar nan na yi ta kore kuliyoyi da ita. Na rubuta wa Tsoho takarda ta hannun Madam Keiko, ba amsa. A shekarar Amm Hamza ya rasu. Mu kaɗan aka bari muka yi masa salla, nesa da juna, mutumin da bai yarda da giɓi a sahu ba. Na yi kuka ranar.

Kusan shekara uku kafin Japan ta sake buɗewa. Mai ofis ya kira ni ya ce akwai ayari, kuma abin da suka fara tambaya shi ne ɗakin salla. Ya ce, "Yana nan ko?" Na ce insha Allah. Shi ma ɗan Jidda ne, ya san abin da hakan yake nufi, ya sa na riga ayarin tafiya da kwana ɗaya.

Muka je da Madam Keiko, ita ma gashinta ya yi fari. Lambun yana nan da layukansa, amma 'yar Tsoho ce take ja yanzu. Shi yana zaune a kujera a baranda, an rufa masa bargo a gwiwa, ya rame. Na miƙa dabino. Ya dube ni ya daɗe, sannan ya dubi bayana. Na gane wanda yake nema. Na ce wa Madam Keiko ta gaya masa Amm Hamza ya rasu, ta gaya masa. Ya rufe ido ɗan lokaci. Da ya buɗe, ya yi wa 'yarsa magana, ta wuce gaba ta tura ƙofar takarda.

An share ɗakin, an sauya tabarmi. A gindin bango ɗaya, kan farin ƙyalle mai ninki huɗu, akwai wani baƙin dutse sumul, bai fi ƙwai ba. 'Yar ta yi bayani, Madam Keiko ta juya mini da Larabcinta na labarai. Wai mahaifinta ya ji cewa masu salla suna da wurin da dole su fuskanta, kuma ya ga kullum sai na ciro ƙarfe daga aljihu kafin mu shiga. Shi ya sa bai shafe sawun ba ranar nan sai da ya auna inda babban dattijon ya sa goshi. Ya ajiye dutsen tun a makon, don kada baƙi su riƙa wahala. Shekara uku ana goge masa ƙura.

Na ciro kamfas ɗin Amm Bakur, don hannuna ya samu abin yi. Daga Kiyoto alƙibla tana yamma, da ɗan karkata arewa. Dutsen arewa sak yake kallo. Ranar sallar lambun nan akwai hadari, ba rana, kamfas yana aljihuna, Amm Hamza kuma bai taɓa tambayar waya alƙibla ba. Layukan Tsoho ya gani ya bi. Allah ya jiƙansa, ya ja mutum bakwai raka'a huɗu suna fuskantar Rasha.

Madam Keiko ta leƙa kamfas ɗin, ta dubi dutsen, ta dube ni. Na mayar da shi aljihu. Na fita baranda na dafa ƙirji na ce ta gaya wa Tsoho aikinsa ya yi, mun gode. Ta faɗa, kuma wannan karon ba ta rubuta komai ba.

To wanda zai ɗauki ayarin bana a cikinku, ya ji. Sharaɗin lambu a bas ake faɗa, sau biyu, ko da uwarka ce kaɗai a ciki. In kun shiga ɗakin ka ja ƙofa, ka ciro kamfas, ka shimfiɗa dardumai yamma. Za ka ga dutsen. Kada ka bi shi, kada kuma ka taɓa shi. A kowane ayari akwai mai waya ɗaya da zai gane ya karkace, ya miƙa hannu zai gyara. Ka riga shi.

Tutar tana bayan ƙofa, inda kuka yar da ita.